Neman shawara: sunan Fatima-Zahra mai karan ɗori a tsakani, suna ɗaya ne ko biyu?

Baban Walid, unguwar Zango

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Ina gaishe da malamai da iyaye da sauran ƴan'uwa. Allah cikin ikonsa ya sauki maiɗakina lafiya ranar Talata da hantsi, mun samu ɗiya mace, kuma idan Allah ya kai mu za a raɗa suna ranar Talata mai zuwa. Tun cikin yana ƙarami muka yi shawara cewa idan mace ce za a yi wa mahaifiyata takwara, wadda sunanta na yanka Fatima ne, ko da yake mutanen unguwa ba su san ta da wani suna ba sai Hajiya. Maiɗakina ce ta kawo shawarar a sa wa yarinyar Fatima-Zahra, kuma a rubuta shi da karan ɗori a tsakani, kamar yadda ta gani a wajen wasu ƴan Maroko da suka yi karatu tare. Ni dai sunan ya kwanta mini a rai, domin yana da daɗin faɗa, kuma yana da wani kwarjini da ba na ji idan an ce Fati kawai.

Sai dai da maganar ta isa babban gida, gwaggona ta ce ba ta yarda ba. Hujjarta ita ce Zara suna ne mai zaman kansa, a cikin danginmu ma akwai masu shi, saboda haka duk wanda ya ce Fatima-Zahra ya haɗa wa yarinya suna biyu ne, kuma a cewarta mai suna biyu sai rago biyu. Da dariya ta faɗi wannan, amma na san akwai gaske a cikin wasan. Wani yayana kuma ya ce wannan ɗan layin da ake sawa a tsakiyar suna al'adar Faransawa ce, irin su Marie-Claire da Anne-Marie, kuma zai jawo wa yarinyar wahala a takardunta idan ta girma.

Abin da nake so a haska mini shi ne ainihin ma'anar sunan, da kuma matsayinsa a wajen malamai, ko ɗaya ne ko biyu. Sannan ga waɗanda suka san aikin takardu, yaya ya fi dacewa a rubuta shi a takardar haihuwa, da karan ɗorin ko babu shi? Lokaci ya ƙure mini, domin ina son in sanar da liman tun kafin daren suna. Allah ya saka da alheri.

Almajirin malamai, Birni

Wa alaikumus salam wa rahmatullahi. Barka da arziki, Baban Walid. Allah ya raya ta bisa sunna, ya ba mai jego lafiya.

Suna ɗaya ne, kuma na mace ɗaya ne, wato Nana Fatima ɗiyar Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallama, wadda Nana Khadija ta haifa masa a Makka, matar Sayyidina Aliyu, mahaifiyar Hasan da Husaini, wadda ta rasu a Madina a shekara ta 11 bayan hijira, kimanin wata 6 bayan wafatin mahaifinta. Fatima shi ne sunan, kuma tushensa a Larabci yaye ne, wato raba yaro da nono. Az-Zahra'u kuwa laƙabinta ne, ma'anarsa mai haske, mai annurin fuska. Tana da wani laƙabin, Al-Batul, wanda shi ne ya zama Batula a bakin mutanenmu. Daga wannan tushe na haske ne sunan masallacin Azhar na Alƙahira ya fito, wanda daular Fatimiyya ta fara ginawa a shekarar 970, kuma masana tarihi da yawa suna ganin don girmama laƙabin Nana Fatima ne aka sa masa sunan. Idan liman ya tashi sanarwa ranar suna za ka ji ya ce Fatimatuz Zahra'u a numfashi guda, bai tsaya a tsakani ba, domin a Larabcin ma siffa ce ta biyo bayan mai ita.

Gwaggo ba ta yi kuskure ba da ta ce Zara suna ne mai zaman kansa a yau, sai dai ya kamata a duba yadda ya zama haka. Laƙabin ne ya ɓalle daga jikin sunan da yake bi, mutane suka riƙa kiran yarinya da shi har aka manta da na farkon. Haka Sadiya ta ɓalle daga Halimatus Sa'adiyya, wadda ta shayar da Annabi, aka jingina ta ga ƙabilarta ta Banu Sa'ad. Haka Kubura ta fito daga Khadijatul Kubra, Humaira daga Nana A'isha, Adawiyya kuma daga Rabi'atul Adawiyya ta birnin Basra. A ɓangaren maza abin ya ma fi yawa, ga Abubakar Siddiku, ga Umaru Faruku, ga Ibrahim Halilu, sannan ga jerin da kusan babu zuri'ar da ta rasa shi a Damagaram, Mahaman Lawali da Mahaman Sani da Mahaman Salisu da Mahaman Rabi'u, wato Muhammadu na farko da na biyu da na uku da na huɗu. Ban taɓa jin an ce mahaifin wani Mahaman Sani ya yanka rago biyu ba.

A mazhabarmu ta Malikiyya, kamar yadda duk wanda ya karanta Risala ta Ibn Abi Zaidin Alƙairawani ya sani, dabba ɗaya ake yankawa ranar bakwai, namiji aka haifa ko mace. Yankan yana bin abin da aka haifa ne, ba tsawon sunansa ba, shi ya sa mai tagwaye yake yanka biyu ko da sunayensu gajeru ne. Saboda haka ka gaya wa gwaggo cikin ladabi cewa rago ɗaya ya wadatar, sai dai idan ita za ta kawo na biyun gudummawa, to babu mai hana ta.

Abin da shari'a ta fi kula da shi a suna shi ne kyan ma'anarsa, da kuma kada ya zama yabon kai. Ya tabbata a Sahihu Muslim cewa Manzon Allah ya canza sunan Barra zuwa Zainab, domin sunan farkon yana nuna mai shi tana tsarkake kanta. Az-Zahra'u ba ya cikin wannan babin, tun da malamai na da da na yanzu suna sa wa ɗiyansu shi don neman albarkar mai sunan. Maganar karan ɗori kuwa ba ta addini ba ce ko kaɗan. Babu shi a rubutun Larabci, babu shi a ajami, kuma idan yarinyar ta fara rubuta sunanta a gindin allo ba za ta buƙace shi ba. Wannan na bar wa ma'aikatan takarda.

Tsohuwar ma'aikaciyar magajin gari, Sabon Gari

Barka, ƙanena, Allah ya raya. Tun da Malam ya bar mana maganar takarda, bari in faɗi abin da na gani a lokacin da nake aikin rajistar haihuwa.

Yayanka ya yi gaskiya cewa daga Faransawa muka gaji karan ɗorin, kuma a tsarinsu alama ce da take nuna kalmomin biyu suna ne guda wanda ba a rabawa. Inda ban yarda da shi ba shi ne batun wahala, domin ni a ganina a ƙasarmu Nijar ne ma alamar ta fi amfani. Mu yawancinmu ba mu da sunan dangi guda da kowa yake gada, sunan yaro ne ake rubutawa, sai na mahaifinsa, wani lokaci a ƙara na kakansa. To idan takarda ta zo da kalmomi huɗu a jere ba tare da wata alama ba, wanda zai kwafe ta shi ne zai yanke wa kansa hukuncin inda sunan yarinya ya tsaya da inda na uba ya fara. Da Zahra abin da sauƙi, tun da kowa ya san sunan mata ne, amma da irin su Nur ko Ihsan, waɗanda maza da mata suke amsawa, sau da yawa sukan faɗa layin sunan uba. Abin da ya fi faruwa kuma shi ne malamin lakol ya ga sunan ya yi masa tsawo a rajistar aji, sai ya yar da rabi na biyu, yarinya ta yi ta hawa aji da rabin suna babu wanda ya lura.

Ranar da ake lura ita ce ranar haɗa takardun jarrabawar BEPC ta kammala ƙaramar sakandare. Na taɓa karɓar wani uba da ya shigo da takardu uku a cikin leda, ya shimfiɗa su a kan teburina yana gumi. Takardar haihuwa ta ce Fatimatou Zara, takardar makaranta ta ce Fatouma, katin asibiti kuma ya ce Zahara kawai, kuma duka na ɗiya ɗaya ne. Ya ɗauka zan ja layi da biro in gyara masa a take, alhali abin da ya riga ya shiga rajista ba ya gyaruwa sai da hukuncin alƙali. Ba tsawon sunan ne ya jawo masa wannan ba, rashin tsayar da rubutu ɗaya ne tun ranar farko.

Saboda haka shawarata ita ce ka sa karan ɗorin, amma abin da ya fi shi muhimmanci shi ne haruffan. Ku zauna kai da maiɗakinka ku zaɓa tsakanin Fatima da Fatimatou da Fatouma, da kuma tsakanin Zahra da Zara da Zahara. Ka lura da harafin h musamman, domin wanda ya yi karatun Faransanci ya saba da cewa ba a furta shi, kuma hannunsa yakan tsallake shi ba da gangan ba. Ka rubuta sunan da manyan baƙaƙe a ƴar takarda ka miƙa wa mai cika sanarwar haihuwa hannu da hannu, kada ka faɗa masa da baki ta taga, kuma kada ka aiki yaro. Idan ya gama, ka karanta kafin ka bar wurin. Dokar rajistar jama'a ta 2019 ta ba da kwana 60 don sanar da haihuwa, wanda ya wuce wannan wa'adi kuwa sai ya bi ta kotu ya nemi takardar da jama'a suke kira jijiman.

Game da fasfo kada ka damu. A ƙasan shafin hoto akwai layi biyu da na'ura take karantawa, kowane da gurbi 44, kuma a ƙa'idar da ƙasashen duniya suke bi ba a sa karan ɗori a wurin, ana maye gurbinsa da wata alama mai kama da kan kibiya, wadda ita ce kuma ake sawa idan fili ne a tsakanin kalmomin. Ke nan ga na'urar filin jirgi, da mai karan ɗori da marar shi duk ɗaya ne. Alhamza ce ma ake zubarwa gaba ɗaya a wannan layin, shi ya sa ba na ba mutane shawarar rubuta Zahra'u a takardun hukuma, duk da cewa shi ne ya fi kusa da yadda liman zai faɗa.

Malama mai ritaya, Garin Malam

Ɗana, Allah ya raya maka, ya sa ta gaji takwararta a hali da albarka. Na karanta bayanin Malam da na ƴar'uwata ma'aikaciya, kuma ina mamakin yadda babu wanda ya taɓo abin da ni a wurina ya fi komai ƙawata wannan suna, wato alkunya.

Kai ba za ka buɗe baki a tsakar gida ka kira sunan mahaifiyarka ba, maiɗakinka kuwa ko da wasa ba za ta ambaci sunan surukarta ba. Duk ɗiyar da aka yi wa uwa takwara da ita dole ne a nema mata wani abin kira, shi ya sa gidajenmu suka cika da Ummi da Mama da Hajiya da Walida. A shekarun da nake koyarwa, idan na ce Ummi a filin wasa sai kawuna da yawa su waiwayo, kuma babu ɗaya da sunan yake a rajistata. Fatima-Zahra ya zo da alkunyarsa a jikinsa. Rabin farko na Hajiya ne, an girmama ta a gaban liman da kuma a takarda, rabi na biyu kuma naku ne na kira safe da yamma, ga shi ba baƙo ba ne ga sunan, ga shi yana cikin takardar haihuwa. Iyayenmu ma haka suke yi tun ba su san boko ba, suka ce Hauwa Kulu, suka ce Zainabu Abu, A'ishatu Indo, Fatima Binta. Nana Asma'u ɗiyar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, wadda ta rayu daga 1793 zuwa 1864, har yau ba a cika kiran ta Asma'u kawai ba, kuma rajistocin makarantun garin nan cike suke da Nana Hadiza da Nana Mariama. Sannan kunnen Bahaushe ya riga ya saba da daɗin sunan, tun da tauraruwar nan mai haske ma Zara matar wata muke ce mata.

Inda nake jan kunne shi ne sabon yayin da ya shigo na haɗa sunayen mata biyu daban, na kakar wajen uba da na kakar wajen uwa, a ɗaure su da karan ɗori wai don kada a ɓata wa kowa. A wurin da na ga an yi haka, kakar da aka sa sunanta a baya ta ɗauka an mayar da ita ƴar rakiya, har ta yi jinkirin zuwa barka. Bayan wannan kuma uban ba ya iya faɗin rabi na biyu, uwar ba ta iya faɗin rabin farko, kowannensu yana jin nauyin sunan surukarsa, sai da aka nemo suna na uku, kuma da shi yarinyar take amsawa har yanzu. Akwai kuma masu tsintar rabi na biyu daga talabijin don daɗin sautinsa kawai, idan ka tambayi ma'anarsa sai a yi ta kallon juna. Hausawa sun ce suna linzami ne, bai kamata a ɗaura wa ɗiya wanda ba a san inda zai ja ta ba.

Wani abin da yake ɗan sosa mini rai, ko da yake ba laifinka ba ne, shi ne yadda waɗannan sunaye masu tsawo suke ture namu na gida. A da ɗiyarka da ta zo ranar Talata da tuni tsofaffi sun fara ce mata Talatu, wadda ta biyo bayan maza a ce Delu ko Kande, ta watan azumi Azumi, ta ranar idi Tasalla. Yanzu iyaye matasa suna jin kunyar waɗannan kamar ba su ne kakanninsu suka amsa ba.

Kafin ka je wurin liman, ka fara zuwa wurin Hajiya da kanka. Takwara tana da haƙƙi, kuma wata tsohuwar idan ta ji kullum ana kiran jikarta Zahra sai ta ga kamar an ba ta suna da hannun dama an karɓe da na hagu. Ka bayyana mata cewa laƙabin mai sunanta ne, ka ji ta bakinta.

Ɗan Magarya mai karatu a Kano

Barka da arziki, Yaya. Ina neman afuwar Hajiya ma'aikaciya, amma ni ina da ja a kan karan ɗorin. Yaranmu da yawa yanzu Nijeriya suke zuwa karatu, kuma a nan kusan kowace takarda da ake cikawa a intanet gurbi uku take da shi, na sunan mahaifi, da na sunan farko, da na sunan tsakiya. Wata ƙanwata mai irin wannan suna ta sha fama da shi a wajen rajista, domin kwamfutar ta ƙi karɓar alamar, ta ce haruffa kawai take so. Da aka cire alamar aka manne kalmomin biyu sai sunan ya saɓa da na fasfonta, da aka raba su kuma sai jami'in ya tura rabi na biyu gurbin sunan tsakiya, wanda a wasu takardun harafin farko kawai ake bugawa. Da tun farko fili ne a tsakani, da babu wanda zai tsaya yi mata tambaya. Sunan kam ya yi kyau ƙwarai, alamar ce nake ganin ba dole ba ce.

Baban Walid, unguwar Zango

Na gode muku baki ɗaya, Allah ya bar zumunci. Na bi shawarar Malama na je wurin Hajiya bayan sallar isha'i, kuma ta yi murna, ta ce ita ma mahaifinta Zara'u yake kiran ta tana ƙarama, abin da ban taɓa sani ba. Gwaggo ta janye maganar rago, amma ta ce ita Talatu za ta riƙa kiran yarinyar. Saura tambaya ɗaya ga Hajiya ma'aikaciya: tun da liman Fatimatuz Zahra'u zai faɗa, mu kuma Fatima-Zahra muke son rubutawa, shin wannan bambanci zai zama matsala? Kuma me za ki ce game da abin da ɗan'uwanmu na Kano ya kawo?

Tsohuwar ma'aikaciyar magajin gari, Sabon Gari

Babu matsala, ƙanena, domin hukuma ba ta tambayar yadda liman ya furta suna, abin da mahaifi ya sanar shi ake rubutawa. Maganar ɗanmu na Kano gaskiya ce, akwai kwamfutocin da ba sa karɓar alamar, kuma ba a Nijeriya kaɗai ba, har wajen sayen tikitin jirgi. Idan haka ta faru, a bar fili a tsakani a sa kalmomin biyu a gurbin sunan farko, kada a manne su, domin hakan ne ya dace da layin ƙasan fasfo. Ni dai har yanzu ina kan ra'ayina, saboda yarinyar za ta yi shekaru tana mu'amala da takardun gida kafin ta ƙetare iyaka, kuma a nan ne ake yar da rabin suna. Ka duba katin awo da rigakafi da aka ba maiɗakinka a asibiti, domin sau da yawa ana barin gurbin sunan jariri babu komai sai bayan suna, kuma idan aka koma awo na farko duk abin da uwa ta faɗa da baki shi ma'aikaciya za ta rubuta. Ka ba ta irin ƴar takardar da za ka kai wa mai rajista, ta tafi da ita a cikin katin.